Shi kaɗai ne ya san Damagaram? Muhawarar ƴan zaure kan Baba Mushe da masu kamara

Lawali na Birni: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Jiya da dare an sake nuna wani fim na tarihi a tele kan shigowar Nasara ƙasar nan. Da aka zo kan Damagaram, wa za a gani in ba Baba Mushe ba, da farar hularsa, katangar fada a bayansa. Ba raini ba ne, dattijo ne, ya koyar da yayyenmu. Amma ina da tambaya. Duk faɗin garin nan shi kaɗai ya san shi? In maganar Sarki Tanimun ce, shi. In ta ƴan pale ce, wato gungun samarin daba, shi. Auren wuri, shi. Matan Kance masu tafiya Aljeriya, shi. Har ƙarancin ruwa an kai masa kamara. Yaushe malamin tarihi ya zama masanin famfo?

Hajiya Mariyama: Wa'alaikumus salam. Lawali, hassada ga mai rabo taki ce. Bawan Allahn nan bai je roƙon kowa ya ɗauke shi ba, har gida ake iske shi.

Lawali na Birni: Hajiya, wace hassada kuma? Ni kabu-kabu nake yi, ba takarar shiga tele nake da shi ba.

Mushe Abdu: Lawali ɗana, bari in ba ka asalin abin, don tare muka yi aikin koyarwa da shi. Ba da kamara ya fara ba. Malamin tarihi ne a kwaleji, kuma tun yana saurayi yana da wata ɗabi'a da muke masa dariya a kanta. Da an yi hutun lakwal, mu muna neman inda za mu huta, shi sai ya ɗaure rakoda da kaset a bayan babur ya nufi Mirriya ko Wacha ko Dungas ko Kance, ya durƙusa gaban tsofaffi yana tambaya. Cikin waɗanda ya ɗauki muryarsu akwai waɗanda iyayensu suka ga yaƙin Tirmini, wanda aka yi da Nasara, da idonsu. Daga baya ya samu fili a rediyo, da Hausa, yana ba da tarihin sarakunan Damagaram daki-daki, tun kafuwar sarautar har zuwa naɗin Barma Mustafa a 1923. A lokacin in shirin ya zo, mai shayi ma rage hira yake.

To da masu fim na waje suka fara zuwa, abu uku suke nema a jikin mutum guda: ya san tarihi, ya iya Faransanci, kuma bakinsa ba ya rawa gaban kamara. Malamanmu na zaure da tsofaffin fada wasunsu sun fi shi sani, amma babu Faransanci. Mu ƴan boko akwai Faransanci, amma tarihin da aka cusa mana na Napoleyon ne. Marigayi Farfesa André Salifou, wanda ya rubuta littafin tarihin Damagaram na ƙarni na 19 tun 1971, shi kuma yana Yamai ko ƙasashen waje da manyan ayyuka a kansa, shi ne fa ya shugabanci taron ƙasa na 1991. Saura wa? Haka aka fara.

Batun famfo kuwa, kada ka yi saurin dariya. Garin nan shi ne babban birnin Nijar daga 1911, aka ɗauke a 1926 aka kai Yamai, kuma cikin dalilan da Nasara suka bayar har da rashin ruwa. Wajen nemo wa gari ruwa, daga Gogo da Machaya aka koma Arunguza, aka je Ganaram, har yau ƴan garuwa ba su rasa ciniki ba. Ƙishirwar da ta raba gari da kujerar mulki ai malamin tarihi yana da abin cewa a kanta.

Lawali na Birni: Mushe, na karɓi ta ruwa. Saura auren wuri da matan Kance.

Sani Tafinta: Ni na yi wa irin waɗannan baƙin tafinta, don haka bari in faɗi yadda abin yake daga ciki. Ba wai sun bincika sun ga shi ya fi kowa ba. Lambar wayarsa ce ke yawo. Wanda ya zo bara shi ke ba wanda zai zo bana. Mutum ya sauka Yamai, ya yi tafiyar kusan kilomita 900, ya riga ya lissafa kuɗin mota da na masauki da kwanakin da zai yi, ba shi da lokacin neman sabon baki. Da an zaunar da Baba an maƙala masa makirfo, sai darakta ya ce tunda ga mu ga shi, bari mu tambaye shi wannan ma, da wancan. Shi kuma tarbiyyarmu ce, baƙo ya tambaye ka ba ka cewa jeka gaba.

Abin da ya fi damuna ni ba yawan fitowarsa ba ne, almakashin masu montaj ne, wato masu yanka fim su haɗa. Dattijon nan zai yi magana tun hantsi har azahar, a fim a ba shi abin da bai kai tsawon alwala ba. Ku lura da na jiya. Muryar mai ba da labari ta gama bayanin kisan da ayarin sojan Faransa na Voulet da Chanoine suka yi a Birnin Ƙonni, sai aka yanko Baba yana cewa daga nan suka shigo Damagaram. Wanda bai sani ba zai tashi da cewa Voulet ne ya ci Zinder. Alhali Voulet da Chanoine ba su taɓa ganin garun garin nan ba. An harbe Kanar Klobb da umarnin Voulet a Ɗan Kori ran 14 ga Yulin 1899, ba a yi mako ba sojojinsu suka kashe su su biyun a wajen Maijirgi, can ƙasar Tasawa. Ragowar ayarin ne ƙarƙashin Pallier, da su Joalland da Meynier, suka gwabza da Sarkin Damagaram Amadu Kuran Daga a Tirmini ƙarshen watan. Baba ya san wannan kamar sunansa, a aji ya koya mana. Amma gobe yaro zai ce a bakin Baba Mushe ya ji.

Ibro ɗan jami'a: Wallahi Yaya Sani, a ajinmu akwai wanda ya rubuta hakan a takardar jarrabawa.

Auwalu Fagge: Damagarawa kenan. Nasara guda ɗaya ya rikita ku da tarihi. Ku zo Kano mu koya muku, tunda Kuran Dagan naku ma ya yi ta kai-kawo zamanin Sarki Alu bai samu shiga ba.

Hajiya Mariyama: Auwalu bawanmu, wa ya saka ka a zauren iyayen gidanka? Ai ƙofa kuka rufe kuka shige ɗaki.

Auwalu Fagge: Hajiya a yi haƙuri, na yi shiru kafin a harbo ni da igwar Tanimun.

Zainabu Kara-Kara: Ni ba ruwana da Voulet, ya mutu ya huta. Masu rai nake magana. Akwai fim ɗin da aka zaunar da Baba aka tambaye shi game da samarin unguwarmu, ya ce yara ne da suka tashi ba tarbiyya saboda iyayensu bara suka sani. Na gani da idona, ba labari aka ba ni ba. Mahaifiyata ta yi kuka ranar. Eh, kowa ya san an kafa Kara-Kara ne don a ware masu cutar kuturta daga cikin gari, ba ma ɓoyewa. Amma wanda aka ware, aka ƙi cin abinci da shi, ɗansa ya tashi ba takardar haihuwa balle lakwal, sannan a zo a ce ba shi da tarbiyya? Ina son in san sau nawa Baba ya taka ƙafarsa cikin unguwar kafin ya faɗi haka. Tarihin sarakuna daban, sanin cikin gidan talaka daban.

Ku dubi abin da Aisha Macky ta yi a fim ɗinta na 2021 mai suna Zinder. Ƴar garin nan ce. Ba ta ɗauko wani mai farar hula ya fassara mu ba. Ta bar samarin suka yi magana da bakinsu, ana ganin su suna ɗaga ƙarfe, ana ganin masu ɗauko mai daga iyaka da abin da suke sha a hanya, ana ganin gidan kaso. Mai kallo ya yanke hukuncinsa.

Malam Habu Zango: Zainabu ƴata, Allah ya ba mahaifiyarki haƙuri. Amma wancan fim ɗin ma ba kowa ya ji daɗinsa ba. An ɗauki sunan gari sukutum an liƙa wa labarin ƴan daba. Bature a Faransa ya kalla, shi ke nan a wurinsa Zinder ita ce wuƙa da tabon sara. Ina fada, ina gidajen Birni da Zango masu zane, ina majema, ina makarantun allo?

Zainabu Kara-Kara: Baba Malam, an shekara nawa ana nuna fada da hawan sallah? Mu ma Zinder ce. Sau ɗaya aka juyo da kamara wajenmu.

Sani Tafinta: Zainabu, ba kare shi nake ba, kuma ban kasance wurin wancan ɗaukar ba. Amma na san yadda ake tambayar. Ana iya ce masa, me mutanen gari suke faɗi game da yaran nan? Ya ce mutane suna cewa kaza da kaza. A montaj a cire "mutane suna cewa". Na ga an yi wa wasu haka.

Zainabu Kara-Kara: To in haka aka yi masa, yana da baki, yana da rediyo. Ya fito ya ce ba haka ya faɗa ba. Shekaru sun wuce ban ji ba.

Lawali na Birni: Yauwa. Nan nake so a zo.

Malam Habu Zango: Tunda an buɗe, ni ma ina da tawa. Abin da ya ɓata mini rai da shi, tsayawa gaban ƙofar fada yana gaya wa duniya cewa arzikin Damagaram na da can da cinikin bayi aka tara shi. Ko gaskiya ne, wurin faɗinsa ke nan? Tanimun da ya gina garu, ya sa aka ƙera igwa da albarushi a cikin garin nan tun Nasara bai zo ba, da wannan za a tuna shi? Nasaran da suka kashe Kuran Daga, suka tuɓe Sarki Amadu ɗan Basa a 1906 bisa zargin makirci suka kai shi Kodebuwa, suka ɗora Ballama a kan mutane, su ne za mu ba sandar dukanmu?

Ibro ɗan jami'a: Allah gafarta Malam, a nan kam ina bayan Baba Mushe, kuma wannan ce ta sa nake ganin girmansa. Bai ƙirƙira ba. James Richardson, Baturen Ingila abokin tafiyar Barth matafiyin Jamus, ya zauna Zinder farkon 1851, ya rubuta yadda ya ga ana fita hari ana dawowa da mutane a ɗaure. Ayarin da ke bi ta Agadas zuwa Tarabulus ba fatu da gashin jimina kaɗai yake ɗauka ba. Ga Dorugu, yaron Dambanas ta wajen Kance, da aka kama shi bawa yana ƙarami, daga baya ya bi Barth har Ingila a 1855, ya zauna ya ba wani Bature mai suna Schön labarin rayuwarsa da Hausa aka rubuta. Ɗan ƙasar nan ne, shi ma tarihinmu ne, ba Tanimun kaɗai ba. Kuma maganar ba ta mutu ba, sai a 2003 dokar Nijar ta mai da bauta laifin da ake hukuntawa, a 2008 kotun CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, ta yanke hukunci kan shari'ar Hadizatu Mani. In mai sharhi zai faɗi igwa ya ɓoye sarƙa, maroƙi ya zama. Maroƙa kuma muna da su, sun fi shi murya.

Kuma Malam, a fim ɗin da kake nufi ya faɗi kisan da aka yi wa Kyaftin Cazemajou na Faransa a garin nan a 1898 ta fuskarmu, cewa Sarki Kuran Daga yana tsoron Baturen zai wuce ya haɗa kai da Rabe mai mulkin Borno ne. Littattafan Nasara ha'inci kawai suke kiransa. Wannan ba ka yaba masa ba.

Malam Habu Zango: Ibro, karatu ya yi. Amma ka girma tukuna, za ka gane akwai maganar da ake yi a zaure, akwai ta bakin kasuwa.

Ibro ɗan jami'a: Allah ya ba mu tsawon rai, Malam. Sai dai jikokin waɗanda aka sayar ɗin ba a kiran su zauren.

Hajiya Mariyama: Kai Ibro, a sassauta, Malam sa'an mahaifinka ne. Ni dai ta matan Kance ce ta tsaya mini, kuma a nan na koma bayan Lawali. A 2013 mutum 92 ƙishirwa ta kashe a hamada kusa da iyakar Aljeriya, yawancinsu mata da yara, da yawa daga wannan yankin. Wadda ta je ta dawo tana nan da ranta, wadda ta binne ƴarta tana nan. Sai a ɗauko namiji daga birni, da takalmi sau-ciki, ya bayyana dalilin tafiyarsu? Su a nuna su suna daka ba murya, shi a rubuta sunansa da muƙaminsa a ƙasan hoto. Ko da abin da ya faɗa daidai ne, ba nasa ba ne.

Mushe Abdu: Hajiya, wannan gaskiya ce, kuma na taɓa faɗa masa ido da ido. Amsar da ya ba ni ita ce in ya ƙi, ba matan za a je a tambaya ba, wani za a ɗauko daga Yamai ko Paris wanda bai san hanyar Matamai ba. Ban ce ta gamsar da ni ba. Akwai kuma abin da ba a son faɗi: kamara tana da daɗi. Mutum ya yi ritaya, ƴan fansho ba mai sallama da su, sai ga mota ta tsaya ƙofar gida, yaran unguwa sun taru. Ɗan Adam ne.

Lawali na Birni: To ana biyan shi ne? Don a gari cewa ake ya tara.

Sani Tafinta: Tara me? Je ka ga gidan. Akasari ɗan goro ne, wasu ma cewa suke ƙa'idar aikinsu ta hana biyan wanda aka yi hira da shi, don kada a ce sayen magana aka yi. Amma akwai takarda da Faransanci da ake miƙo masa ya sa hannu, cewa hoton da muryar sun zama nasu, su yanka yadda suka so, su nuna inda suka so. Ragowar hirar da ba ta shiga fim ba, wadda ita ce mai yawan, tana tafiya cikin jakarsu. Ba kwafi a jami'armu, ba a cibiyar bincike ta IRSH, ba a hannunsa. Yau in kana son takardun zamanin Nasara da yawa sai ka je Aix a Faransa. To muryoyin ma hanyar da suke bi ke nan, kuma wannan karon mu muke rakiya har tasha.

Ibro ɗan jami'a: Ya kamata duk mai zuwa ɗauka a sa masa sharaɗin barin kwafin hirar gaba ɗaya, ba wadda aka tace ba.

Sani Tafinta: Wa zai sa sharaɗin? Izinin ɗauka daga Yamai suke zuwa da shi. Sai dai shi mai bakin ya ce ba kwafi, ba magana.

Rabi'atu: Salamu alaikum iyayena da yayyena. Na daɗe ina karantawa ban sa baki ba. Wanda kuke magana a kansa kawuna ne, yayan mahaifiyata. Ba ya WhatsApp, amma zan karanta masa duka, har da ta Yaya Zainabu, don ya kamata ya ji. Ba zan amsa a madadinsa ba. Abin da zan ce kawai, kaset ɗin da Mushe Abdu ya ambata suna nan cikin adaka biyu a ɗakinsa, kowanne da sunan gari da na tsohon da ya yi magana a rubuce. Zafi da ƙura suna cin su, wasu zaren ya manne. Masu kamara ba wanda ya taɓa tambayar su, fuskarsa suke so. Akwai muryoyin mata a ciki da yawa, tsofaffin da suka ba da labarin yunwar Kakalaba yadda iyayensu suka gaya musu, da waƙoƙin daka.

Ibro ɗan jami'a: Anti Rabi, don Allah a roƙa mana shi. Mu huɗu ne a sashenmu za mu iya juye su cikin kwamfuta.

Rabi'atu: Ibro, ba ya ba da aro. An taɓa karɓar wasu da sunan bincike, har yau ba su dawo ba. In za ku yi, sai dai ku zo gidan ku zauna gabansa, kaset ɗaya ya fito, a gama, ya koma, sannan wani.

Lawali na Birni: Wannan duk ya yi kyau, amma ba a amsa mini ba. Gobe in wata mota ta tsaya aka ce auren wuri, zai ce su je su tambayi matan ko zai gyara hula?

Zainabu Kara-Kara: In ya tashi aiko su, ƙofarmu a buɗe take. Shi ma ya zo tare da su.

Rabi'atu: Zan faɗa masa yadda kuka faɗa.

Sani Tafinta: Ibro, kafin ku ɗauki alkawari ku nemo rakodar da ke aiki, wadda ba ta cin zare, don ta gidan na san ta mutu. Akwai mai gyaran rediyo a bakin kasuwar Dole da nake ganin irinsu a shagonsa. Ku gwada ta da kaset ɗin waƙa tukuna, kada ku fara da na tsofaffin. Igiyar haɗawa da kwamfuta ina da ita, ka biyo ta gida bayan la'asar ka karɓa.